Amsoshin Tambayoyinku: Cire Batirin Babur Mai Caji

Jama'a masu sauraro, assalamu alaikum, barkanmu da warhaka, barkanmu da sake haɗuwa a filin Amsoshin Tambayoyinku. Da muka zazzage jakar wasiƙu a wannan mako, sai muka tarar yawancinsu a kan abu ɗaya suke: babur mai caji, da yadda ake cire batirinsa. Ba abin mamaki ba ne. Litar fetur a gidajen mai na Kamaru ta tashi daga sefa 630 zuwa 730 a Fabrairun 2023, ta sake hawa 840 a Fabrairun 2024. Zuwa-zuwa, wato fetur ɗin fasa-ƙwauri da ake sayarwa a kwalba a bakin titi, wanda a da shi ne rufin asirin ɗan acaba a Garwa da Marwa, shi ma ya yi tashin gwauron zabo tun da Najeriya ta janye tallafin mai a Mayun 2023. Dole mai neman na tuwo a kan babur ya waiwayi wanda ba ya shan mai.

Wasiƙar farko daga unguwar Domayo ta fito, a Marwa. Wani ɗan'uwa ne ɗan acaba, ya ce: "Na sayi babur mai caji. A gidan haya nake, babur a tsakar gida yake kwana, soket kuma yana cikin ɗaki. Ina so in riƙa cire batirin da dare in shiga da shi in sa caji. Yaya zan cire shi ba tare da na ɓata wani abu ba?"

Malam, mun gode, Allah ya sanya albarka a sana'a. Kafin ka taɓa komai, ka tabbatar batirin naka irin wanda aka yi don cirewa ne. Alamarsa a fili take: yana da mariƙi a sama, yana da makullinsa ko sakatarsa, kuma filogi mai kauri ne ya haɗa shi da babur, wanda hannu ke zarewa ba sai da sifana ba. In kuwa ka ga sai an kwance murafu, wayoyin kuma da noti aka ɗaure su, wannan ba na cirewa kullum ba ne. Za mu zo kansa.

Abin da nake so ya zauna a ran kowa shi ne, makulli babur yake kashewa, ba ya kashe batir. Ka zare makulli ka sa a aljihu, wutar tana nan a cikin akwatin yadda take. Batirin mota da muka saba da shi volt 12 ne. Na waɗannan babura 48 ne, ko 60, ko 72, kuma mai 72 ɗin idan ya cika yana haura 80. Busasshen hannu wani lokaci ba ya jin komai, amma wa ke da busasshen hannu a Marwa a watan Afrilu? Gumi yana buɗe wa wuta hanya. Abin da ya fi wannan tsoratar da ni ma shi ne ƙarfe. Zoben azurfa da ke yatsanka, in ya taɓa bakunan batir biyu a lokaci guda, kafin ka janye hannu ya yi ja, ya ƙone naman yatsa a zagaye, ga shi ba ya zaruwa. Don haka zobe da agogon ƙarfe da tarin makullai, a ajiye su gefe tukuna.

In ka dawo daga aiki, kada ka cire shi nan take. Batirin da ya wuni yana jan fasinja yana da zafi, ka bar shi kamar rabin awa a inuwa ya huce. Ka kafe babur a kan ƙafarsa ta tsakiya a wuri mai baje, ka kashe, ka zare makulli. Ka ɗaga kujera ka duba: yawancinsu suna da wani makunni na katse wuta, irin wanda ke kusa da mitar gida. Ka sauke shi, ka dakata 'yan mintoci, saboda akwatin da ke sarrafa gudun babur yana riƙe ragowar wuta ko bayan an kashe. Sannan ka kama kan filogin, ka danna maɓallinsa in yana da shi, ka ja shi kai tsaye. Kada ka kama waya ka fizga, kada kuma ka riƙa girgiza shi hagu da dama. Wayar da aka saba ja tana tsinkewa daga ciki a hankali, roba a waje lafiya lau, a ciki kuwa 'yan silalla ne suka rage suna ɗaukar wutar duka, nan ne zafi ke farawa. Wasu baburan suna da ƙaramin filogi na biyu mai sirara-siraran fil, shi ke kai wa allo labarin cajin da ya rage. Shi ya fi saurin lanƙwasa, ka bi shi da lallami, ka kuma duba takardar babur ɗinka ka ga wanne ta ce a fara zarewa.

Tun da filogin yana hannunka, ka haska shi da fitilar waya ka leƙa ciki. Ƙarfen ya kamata ya kasance da haske. In ka ga baƙi-baƙi, ko robar gefe ta narke ta yi kumburi, a canza shi kafin a sake hawa. Ƙurar hunturu ma tana taruwa a wurin, a share ta da busasshen tsumma, ba da ƙusa ko tsinken ƙarfe ba. Wajen ɗagawa ka sa hannu biyu, ka durƙusa da gwiwa, don wani ya fi kilo 10, wani ya haura 20. Kada ya faɗi. Batirin da ya bugi siminti zai iya ci gaba da aiki kamar ba abin da ya same shi, alhali wani abu ya motse a ciki. Mayarwa kuwa, makunnin yana sauke za ka zaunar da batir, ka kulle sakatarsa, ka tura filogi har ka ji ya ce ƙas, sannan ka ɗaga makunni, makulli ya zo ƙarshe.

Sai dai Malam, akwai abin da ba ka tambaya ba, kuma shi ya fi damuna a wasiƙarka. Ka ce ɗaki za ka shiga da shi da dare. Don Allah kada ka kwana da batir yana caji a ɗakin da iyalinka ke barci. Ɗakunan hayarmu mun san su: ƙofa ɗaya, taga ɗaya mai ƙarfe, katifa a ƙasa, labule, wani lokaci har da kwalbar fetur a lungu. Batirin litiyom ba kasafai yake kamawa ba, amma in ya kama, cikin daƙiƙoƙi ɗakin ke cika da hayaƙi mai guba, kuma galibi a bakin ƙofa ake ajiye shi saboda nan soket yake. Ka nemi mai aikin wuta ya ja maka soket mai kyau zuwa baranda. Ka ɗora batirin a kan siminti, nesa da hanyar fita, ka sa caji daga magariba kana farke, in ya cika ka zare. Cajarsa ta asali kawai. Cajar maƙwabci ko da bakinta ya shiga, in ƙarfinta ba ɗaya ba ne da naka, ɓarna za ta yi.

Daga Kuseri, wani dattijo mai sayar da kayan masarufi ya rubuto cewa batirin babur ɗinsa a ƙarƙashin wurin taka ƙafa yake, da noti aka ɗaure. Yanzu ko gadar Ngeli ba ya kai shi ya dawo. Yana tambaya ko zai iya kwance shi da kansa ya canza.

Baba, Allah ya ƙara girma. Bisa yadda ka kwatanta, mai yiwuwa batiran dalma ne, ƙanana masu volt 12 da aka jera aka haɗa bakin wannan da na wancan. Biyar su ba da 60, shida su ba da 72. Shawarata ka kai wa mai gyara, kuma mai haɗa sola sau da yawa ya fi bakaniken babur mai fetur sanin irin wannan wuta. Ka tsaya a kansa ka ga ya yi abin da ya dace: ya ɗauki hoton yadda wayoyin suke kafin ya kwance, ya naɗe jikin sifanarsa da salatif, ya fara cire baƙar waya kafin ja, duk bakin da ya cire ya rufe shi nan take. Kada a ɗora sifana a kan batiran ko na ɗan lokaci. Kuma in za a canza, a canza su gaba ɗaya. Sabo ɗaya a cikin tsofaffi biyar asarar kuɗi ce, tsofaffin za su ja shi ƙasa.

Tsofaffin kuma, Baba, kada a bar su a tsakar gida yara su fasa. Dalma guba ce. Ita ce ta kashe yara fiye da 400 a Zamfara a 2010, ko da yake can daga dutsen zinariya ta fito. A mayar wa masu sayarwa, yawanci ma suna karɓa su rage kuɗi. In kuwa aka buɗe aka tarar akwati ɗaya ne rufaffe na litiyom, kada kowa ya sa masa sukundireba. Da muguwar rawa gara ƙin tashi. A koma wurin wanda ya sayar, balle in garantinsa bai ƙare ba.

Wani matashi daga Ngaundere ya ce duk lokacin da ya mayar da filogi sai ya ji tas, ya ga tartsatsi. Ɗan'uwa, akwatin sarrafa gudun nan da na ambata ne. Idan ya wofinta, kamar randa ce da aka juye wa bokiti a lokaci guda, wuta ke kwarara ciki da ƙarfi. Ba lalacewa ba ce, amma kullum tana cin bakin filogin kaɗan-kaɗan. Ka sauke makunni kafin ka haɗa, za ka daina gani. In makunnin yana sauke kuma har yanzu yana tartsatsi, ko kana jin ƙauri, ka ajiye babur ɗin a duba shi.

Wannan wasiƙar kuma ina roƙon mai ita, in tana saurare, ta matso kusa da rediyo. Wata uwa ce daga unguwar Yelwa a Garwa. Ta ce babur ɗin ɗanta ya shiga ruwa da damina har ya rufe batirin. Ya cire ya shanya a rana, ya ci gaba da aiki. Yanzu ta lura akwatin ya kumbura, yana wani wari mai zaƙi-zaƙi, kuma a ƙarƙashin gado yake ajiye shi.

Hajiya, kin kyauta da kika rubuto, kuma hankalinki ya gaya miki gaskiya. Batirin nan kada ya sake kwana a ɗaki, daga yau. Kumburi alama ce iska na taruwa a ciki, warin kuma ruwan cikinsa ne ke fita. Shanyawa a rana waje kawai ta busar, damshin da ya shiga yana nan yana cin ƙarafan ciki, shi ya sa matsalar batirin da ya sha ruwa takan fito bayan makonni. Mutanen Yagwa da na bakin Logon da ambaliyar 2024 ta shafa, duk wanda ya tsamo babur irin wannan, maganar nan har da shi. In batirin yana da sanyi, a ɗauke shi a hankali, a kai shi fili a kan ƙasa ko yashi, a inuwa, nesa da ɗaki da danni da wurin wasan yara. Kada a sa shi caji, kada a huda shi wai iska ta fita, kada a danne shi da dutse wai ya koma daidai. A kira wanda ya sayar. In kuwa aka taɓa aka ji zafi, ko yana huci, ko hayaƙi ya fara, kada kowa ya ɗauka. A fitar da mutane, a kira 'yan kwana-kwana a 118. In an tsaya nesa kuma ba ya haɗe da soket, ruwa mai yawa yana rage masa zafi, amma wutar litiyom takan mutu ta sake tashi bayan awoyi, saboda haka ko ta lafa kada a mayar da shi ciki. Na san kuɗin batir shi ne kaso mafi tsoka a kuɗin babur, kuma ɗanki zai ji zafin rabuwa da shi. Ki zaunar da shi ki gaya masa, in ya ƙi ki sa babansa ko kawunsa a maganar.

Daga Njamena, wani Alhaji zai yi tafiyar wata biyu, yana tambaya ko ya cire batirin. E, Alhaji, ka cire, domin ko babur yana kashe akwai 'yan na'urori da ke tsotsar wuta a hankali. In litiyom ne ka bar shi da kamar rabin caji, ba cike ba, ba kuma wayam ba. In na dalma ne akasin haka, a cike ake ajiye shi, kuma a sami mai sa masa caji sau ɗaya a wata. Ka zaɓi wuri mafi sanyi a gidan da ba a kwana a ciki. Shagon kwano a rufe a lokacin bazara, da zafin waje kansa ke wuce digiri 40, yana tsufar da batir ko ba a taɓa shi ba. Yawancin masu ƙera batirin litiyom ma sun hana a yi masa caji in zafinsa ya haura digiri 45.

Ta ƙarshe daga Gidar take, kuma mutane da dama sun yi irinta. Idan ruwan madatsar Lagdo ya ja baya da rani aka shiga ɗauke wuta, za a iya cire batirin babur a kunna fitila da fanka da shi? Kai tsaye dai a'a. Kayan sola na gida yawanci volt 12 ne ko 24, ka ba su 72 sun ƙone nan take. Sai da na'urar da ke sauke ƙarfin wutar, wadda aka yi daidai da batirin, da fis a tsakani, kuma wanda ya san aikin ya haɗa ta filogin batirin, ba a fere waya a murɗa ba. Wanda kuma batirinsa na kamfanin musaya ne, irin tsarin da Spiro ke yi a Benin da Togo, ko Ampersand a Ruwanda, inda kake ba da wanda ya ƙare a ba ka cikakke, to batirin ba naka ba ne, babu halin ka ja masa wata waya.

Lokaci ya cim mana. Wasiƙun da suka rage, har da masu tambaya a kan caji da janareto, sai mako mai zuwa in Allah ya kai mu. A huta lafiya.