Darasi: yadda ake canza hannun feda na keke, da yadda ake kula da shi

Assalamu alaikum jama'a, barkanmu da war haka. Yau aikinmu a kan hannun feda ne, wato ƙarfen nan da ya haɗa feda da sandar tsakiya. Keken da ke gabana baƙi ne irin na da, samfurin Phoenix na ƙasar Sin, kuma abin da zan nuna daidai yake da na Raleigh da Hero, domin dukkansu da kotafin aka ɗaure hannayensu, wato 'yar ƙusar nan mai noti da ke ratsa hannun ta riƙe shi a jikin sanda. Ƙanena, matso da kyamara nan.

Ku duba, na kama hannun hagu ina girgiza shi. Kun ji wannan ƙwas-ƙwas ɗin? Mai keken yana jin sa duk zagaye ɗaya, ƙafarsa ta ɗan zame kafin keken ya amsa. Wannan wasa, in aka ji shi, a ranar ake gyara shi. Kotafin ƙarfe ne mai taushi, da gangan aka yi shi haka don shi ya lalace, sandar ta tsira. Amma in ka ci gaba da taka shi da buhun masara ko jarkokin ruwa a baya, ramin hannun ne zai buɗe, sai gyaran kotafin ya koma sayen hannu sukutum. Kuma ku lura, ƙarfin ƙafar dama kai tsaye yake shiga farantin sarƙa, na ƙafar hagu kuwa sai ya bi ta kotafin hagu, ya ratsa sanda, ya fita ta kotafin dama. Shi ya sa nake duba su biyun tare.

Fara cire feda tun hannun yana jikin keke, da sifana lamba 15. Ta dama ana kwance ta yadda aka saba. Ta hagu tiredinta a juye yake, inda kake zaton ɗaurewa nan ne kwancewa. In ka rikice, ɗaga sifanar sama ka tura ta wajen tayar baya, kowane gefe haka ne.

To, yanzu ga inda nake so ku natsu. Na sassauta notin kotafin har ya yi daidai da bakin tiredi, ban cire shi gaba ɗaya ba. Na juya hannun ya kwanta, noti yana kallon sama. Ga guntun bututun ƙarfe, na kafa shi daga ƙasa har ya tokare hannun, kan kotafin yana cikin ramin bututun. Me ya sa? Domin in ka buga guduma ba tare da wannan tokari ba, duk dukan boris ɗin tsakiya ne zai sha shi. Ƙwallayen boris za su yi tabo a jikin sanda da kofi, wato mazaunin ƙwallayen, keken da ya zo da ciwo ɗaya ya koma gida da biyu. Ina ganin ana yin haka a bakin titi, ana ta dukan keke yana rawa a kan tayoyinsa, kuma abin yana damuna ƙwarai.

Duka kuma mai ƙarfi ake yi, sau ɗaya ko biyu. Ƙananan duka barkatai su ne ke lanƙwasa tiredi. Bismillah. Kun ga ya motsa. Yanzu na cire noti da washa, na sa ƙusa mai kauri na ƙarasa fitar da shi. In naka ya yi tsatsa ya ƙi, ɗiga masa kananzir ko baƙin mai ya kwana.

Kawo kyamara kusa. Kun ga wannan zurfin da sanda ta ci a fuskar kotafin, kamar an sara da adda? Wannan ba ya komawa. Kada ka ce za ka lanƙaya masa gwangwani ka mayar.

Tunda hannun ya fita, juya sandar da yatsu. In ka ji tana ƙartar yashi, ƙurar hunturu ko ruwan damina sun shiga. Kwance zoben gefen hagu da kofinsa, zare sandar, wanke komai da kananzir. Ƙwallayen boris goma sha ɗaya ne kowane gefe in zube suke, girman kwatan inci. Sa giris sosai, ka mayar, dogon gefen sanda yana ɓangaren sarƙa. Ɗaure kofi har wasa ya ɓace amma sanda tana juyawa sumul.

Wajen saye, tafi da tsohon kayan a hannunka. Kotafin ba girma ɗaya ba ne, akwai mai milimita 9, akwai 9.5, kuma rabin milimitan nan ya isa ya hana shi zama. Sayi biyu iri ɗaya ka canza su tare. In hannun za ka canza, duba bayansa, sau da yawa za ka ga an buga lamba kamar 170 ko 175, tsawonsa ke nan a milimita. Dama da hagu su zo daidai, in ba haka ba gwiwa ce za ta biya.

Mayarwa. Fuskar kotafin da aka fere ita ke kallon inda aka fere a jikin sanda. Tura shi da hannu. In tiredin da ya leƙo bai isa noti ya kama ba, cire ka goga fuskar da magagari kaɗan-kaɗan, a miƙe, kana gwadawa. Sannan kotafin biyun su saɓa wa juna: hannaye suna kwance, noti ɗaya sama, ɗaya ƙasa. In suka kalli waje guda, hannayen ba za su miƙe layi ɗaya ba, za ka ji keken yana ɗingishi.

Mayar da bututun, wannan karon a gefen tiredi, ka doki kan kotafin ya zauna daram. Guduma ce ke zaunar da shi. Aikin noti riƙewa kawai, in ka ce da shi za ka ja kotafin, tiredin zai cinye ko ya tsinke. Doka, ɗan ƙara noti, sake dokawa, ɗan ƙara, har notin ya daina samun wuri.

Masu keken giya, naku yawanci ba kotafin, a nan ina magana ne da masu bakin sanda mai kusurwa huɗu. Ku cire murfi, ku kwance ƙusar tsakiya da soket 14 ko makullin alan 8, ku tabbata washa ta fito, sannan ku murɗa abin zare hannu har ƙarshen tiredi kafin ku fara ja. Guduma ba ta da aiki a nan. Hannun yawanci alminiyom ne, in aka hau shi a sake ramin yana buɗewa, kuma ba ɗaurin da zai mayar da shi. Mai sifanar awo ya ɗaure wajen 35 zuwa 40 Nm, wato ma'aunin ƙarfin ɗauri.

Saura feda. Akwai harafin R da L a jikin ƙarfenta, R dama, L hagu. Shafa giris a tiredi, fara murɗawa da yatsu, sai ta shiga lafiya ka kawo sifana. Bayan kwana biyu ko uku ana hawa, kotafin zai ƙara zama, sai ka kafa bututu, ka ba shi duka ɗaya, ka ƙara noti. Mai keken giya shi ma ya sake gwada ƙusarsa a lokacin. Ƙanena, ɗaga min tayar baya in juya su gani. Madalla, shiru kake ji. Sai darasi na gaba, in Allah ya kai mu, za mu taɓa sarƙa.