Matar da ta mai da kanta na'urar gida

Ku ɗauka kun dawo gida da daddare a gajiye. Kafin ku kai hannu ga makunni, fitila ta kama. Waƙar da kuke so ta fara tashi a hankali, ƙofa kuma ta kulle kanta. Duk wannan aikin wata mata ce da ke zaune a wani wuri daban, tana kallonku ta kyamara.

Sunanta Lauren Lee McCarthy, 'yar Amurka, malama a Jami'ar Kalifoniya da ke Los Anjeles. Ta karanci ilimin kwamfuta a MIT, wata jami'ar kimiyya da fasaha a Amurka, kuma ita ta ƙirƙiro p5.js, manhajar kyauta da masu zane ke koyon rubuta shirin kwamfuta da ita. Fasaharta irin wadda mai yi ke sa jikinsa da lokacinsa a ciki ce, mutane na gaske kuma su ne abokan wasan.

A 2017 ta fara wani aiki da ta sa wa sunanta, LAUREN. Kun san Alexa ta kamfanin Amazon, na'urar da ake ajiyewa a ɗaki ana ba ta umarni da baki? To, Lauren ta ce ita za ta zama Alexa ɗin. Wanda ya amince, sai ta kafa masa kyamarori da makirfo da makunnai da makullan da ake sarrafawa ta intanet, ta koma nesa, ta yi kwanaki tana lura da shi dare da rana. Na'ura sai an umarce ta. Ita kuwa tana karantar fuska, tana neman gane abin da mutum ke buƙata tun bai buɗe baki ba.

Wannan wurin ne ya fi tsaya min a rai. Mu da ko ɗakin ɗan'uwa ba ma shiga sai da sallama, me zai sa baligi mai hankali ya buɗe wa baƙuwar ido gidansa? Wani aikinta na 2016, Follower, ya ba ni amsa. A can, mutum ke neman a bi shi, bi na ƙafa da ƙafa, ba irin mabiyan Instagram ba. Za ka amsa tambayoyi biyu: me ya sa kake so a bi ka, kuma me ya sa ka cancanci a bi ka? In an zaɓe ka, za a yini ana biye da kai a ɓoye, da yamma a turo maka hotonka guda ɗaya. Mutane sun nema. A ganina kaɗaici ne, da ƙishin a ce wani ya san inda ka yini.

A 2019 ta faɗaɗa abin da aikin SOMEONE, wato "wani". Gidaje huɗu aka haɗa da wani zauren nuni a birnin New York. Mai gida ya kira "wani", duk baƙon da ke gaban kwamfutar a zauren shi zai amsa. Aikin ya ci babbar kyauta ta rukuninsa a Ars Electronica, bikin fasahar zamani na ƙasar Ostiriya, a 2020.

A 2019 ɗin dai aka bankaɗo cewa ma'aikatan Amazon na sauraron wasu muryoyin da Alexa ke naɗa a gidajen mutane domin gyara manhajar. Masu gidajen da Lauren ta kalla kuwa sun san sunanta, kuma da bakinsu suka ce mata bismillah.