Robert Hughes da zanen zamani a akwatin talabijin

Masu sauraro, barkanmu da war haka. Sharhinmu na yau a kan Robert Hughes ne, haifaffen birnin Sidni na Ostiraliya a 1938, wanda mujallar Time ta ɗauka a 1970 don ya riƙa yi mata sharhi kan zane-zane.

A 1980 BBC ta nuna shirinsa mai kashi takwas, The Shock of the New. Jan aiki ya ɗauko: ya fahimtar da mai kallo dalilin da ya sa masu zane a Turai suka bar zana fuska yadda ido ke ganinta, suka koma karkatattun siffofi da mutum zai duba ya rasa gaba da baya.

Da hasumiyar Eiffel ya buɗe, wadda aka kammala a Faris a 1889. Wanda ya hau ƙololuwarta zai hango gari a shimfiɗe kamar taswira. Ga jirgin ƙasa, ga mota, ga jirgin sama na tafe. Hujjar Hughes ita ce, tunda inji ya sauya yadda mutane ke kallon duniya, dole hannun mai zane ya bi. Sai yaƙin duniya na farko ya zo, injin da ake wa kirari ya koma kashe samari, zanen ma ya yi ɗaci. A nan, a ganina, gwanintarsa take: kafin ya nuna maka zane, sai ya nuna maka zamanin da ya haife shi.

Kuma ba ya ɓoye ra'ayi. Ya je Brasilia, babban birnin Brazil da aka tsara a takarda, ya yi masa kaca-kaca, don an gina shi domin mota, an manta da mai tafiya a ƙasa.

Shirin yana da giɓi, ba shakka. Masu zane na Afirka da Asiya kusan ba su samu wuri ba.

Mummunan hatsarin mota a yammacin Ostiraliya a 1999 ya bar shi da sanda, amma bakinsa bai mutu ba. A 2008 ya fito da wani shirin talabijin mai suna The Mona Lisa Curse, yana kokawa da yadda attajirai suka mai da zane haja, farashi ya danne fasaha. Ya rasu a New York a watan Agustan 2012, yana da shekara 74.