Zumunci a Ƙafa Yake, Amma Ƙafar Tana Shan Fetur

Jama'a, assalamu alaikum. Na baya kuna ji na? Madalla.

Maganata yau a kan mai rufin asiri ce: malamin sakandare, ma'aikacin gwamnati, mai shago ɗaya a kasuwa. Ranar 29 ga Mayun 2023 Shugaba Tinubu ya ce an cire tallafin mai. Litar fetur ta tashi daga ƙasa da naira 200 zuwa sama da 500, kafin ƙarshen 2024 ta haura 1,000. Mafi ƙarancin albashi kuwa aka mai da shi 70,000, kuɗin da a lokacin ko buhun shinkafa ba ya saye.

Ina da wani maƙwabci, ba zan kama suna ba. Motarsa na nan ƙofar gida an lulluɓe ta da tamfol, tayoyi sun sace, kaji na kwana a ƙarƙashinta. A da ba ɗaurin aure ko suna da ke wuce shi. Yanzu in kati ya zo sai ya zauna lissafi: kuɗin mota, gudummawa, ga ankon uwargida. Ƙarshenta ya tura "Allah ya sanya alheri" ta WhatsApp. Majalisa ma ya ƙaurace mata, don shi ne mai biyan kuɗin shayi a da. Wanda ya saba bayarwa, karɓa nauyi take masa. Sai ya shige ɗaki, mu kuma mu ce ai girman kai ne.

To wannan zaman ɗakin ciwo ne, ba wai a baki ba. A 2023 babban likitan gwamnatin Amurka, Vivek Murthy, ya kwatanta illar rashin cuɗanya da shan karan sigari 15 a rana, yana ƙara haɗarin ciwon zuciya da shanyewar ɓarin jiki. Rahoton Hukumar Lafiya ta Duniya na 2025 ya ce mutum ɗaya cikin shida na fama da kaɗaici, kuma abin ya fi yawa a Afirka. Mu da muke ɗauka cutar Turawa ce!

Makon jiya na leƙa maƙwabcin nan da niyyar gaisuwa kawai. Awa biyu ya riƙe ni, hira kamar wanda aka buɗe wa famfo. Da zan tashi na ga maganin hawan jininsa a kan tabarma, duk ƙwayoyin an ɓantare su biyu. Ya ce rabi-rabi yake sha, don ya kai shi ƙarshen wata.