Wa Ya Ɗauki Ƙasar? Rabon Aiki a Wajen Mafarautan da Suka Zauna Wuri Ɗaya

Assalamu alaikum. Malamai da ɗalibai, barkanmu da warhaka.

An daɗe ana koya mana cewa sai da ɗan Adam ya fara noma sannan ya kafa gari, ya tara abinci, ya sami shugaba mai sa mutane aiki. Masu tonon kufai sun rushe wannan jeri. A Ain Mallaha, a kwarin Hula da ke arewacin Isra'ila ta yau, mutanen dā da ake kira Natufiya sun gina ɗakunan dutse fiye da shekara 12,000 da suka wuce, alhali barewa suke farauta, hatsin daji suke tsinka.

To, ku biyo ni Poverty Point, a jihar Luwiziyana ta Amurka. Akwai wani tudu can, ƙasar da aka jibga a cikinsa ta kai kubik mita 238,000, duk da kwando aka ɗauko ta kimanin shekara 3,200 da suka wuce. Masunta ne da mafarauta suka yi shi. Wasu masu tonon kufai biyu, Ortmann da Kidder, sun yanka tudun suka duba cikinsa. In da an yi hutu mai tsawo, da ruwan sama ya zaizaye saman ƙasar, da tsiro ya fito, da tsutsa ta huda. Babu ko ɗaya. Har shatin kowane kwando ana gani, baƙar ƙasa kusa da ja, yadda aka zube ta. Suka ce aikin bai wuce wata uku ba. Kun ga kuwa sai dubban hannu, ga masu ciyar da su. Amma fa ba a tono fada ba, ba a tono kabarin sarki ba. A ganina gayya ce babba, aka yi aka watse.

Gaɓar arewa maso yammacin Amurka ta Arewa kuma labarinta daban. Kifin samon na shigowa koguna 'yan makonni ne kawai. Kamawa ba ta da wuya. Wuyar tana wajen feɗewa da shanyawa da banda kafin ya ruɓe, kuma akasari mata ne a kan wannan aiki. Gidan da ya fi hannuwa shi zai fi ajiya, don haka manyan gidaje suka riƙa tara jama'a, har da bayi. Wannan aiki ne na kowace shekara, kuma yana da mai shi.

Ta yaya muka sani? A Ozette, ƙauyen ƙabilar Makah da ke wannan gaɓa, laka ta zabtaro ta binne gidajen katako. Da aka tono daga 1970, an fito da kaya fiye da 55,000, kowane a inda mai shi ya bar shi. Sai aka bi daɓen gida kusurwa-kusurwa, ana duba inda kayan farautar whale, wato ƙatuwar dabbar teku mai kama da kifi, da kayan daraja suka taru, da inda babu komai sai kayan aikin yau da kullum.

Ga hannu can a baya. Bismillah, malama.