Lacca: Ƙuri'ar Da Muka Manta

Jama'a, assalamu alaikum. Bari in fara da kalmar da kullum take bakinmu: ƙuri'a. Daga Larabci muka aro ta, kuma asalinta abin da ake yi ne idan mutane sun yi kunnen doki a kan wani haƙƙi, sai a bar rabo ya raba gardama. Irinta aka yi a kan riƙon Nana Maryam, aka jefa alƙaluma, ta faɗa wa Annabi Zakariyya. Mu ne muka mai da ita takardar dangwala yatsa.

To, mutanen Atina ta ƙasar Girka, waccan ta asali suka riƙe. A wajen shekara ta 508 kafin haihuwar Annabi Isa aka kafa musu majalisa mai mutum 500, ƙabila goma kowace ta kawo 50. Da ƙuri'a suka riƙa cika ta. Shekara ɗaya za ka yi ka sauka, kuma ba ka wuce sau biyu a rayuwarka.

Ku ji yadda suke fitar da masu zaman shari'a. Allon dutse ne mai ramuka jeri-jeri, kowa ya soka ɗan ƙarfe mai sunansa. A gefe akwai bututu da ake zuba ƙwallaye farare da baƙaƙe. Fari ya faɗo, layin nan ya shiga. Baƙi ya faɗo, kowa ya kama gabansa. Wa za ka ba cin hanci? Dutsen?

Shi ya sa Aristotal, masanin falsafar nan na Girka, ya ɗauki zaɓe a matsayin hanyar masu hali, ƙuri'a kuma ta talakawa. Da na tuna fom ɗin takarar shugaban ƙasa na APC a 2022 naira miliyan 100 ne, sai na ce dattijon nan ya hango mu.

Kada fa in yi wa mutanen Atina kwalliya: mata da bayi ba sa ciki, kuma kwamandojin yaƙi goma zaɓensu ake yi, don ba a wasa da wuta a bakin rumbu.

Wani zai ce tsohon zance ne. A 2016 ƙasar Ailan ta zaƙulo mutum 99 ta wannan hanya ta barin rabo ya fitar da su, suka zauna kan dokar zubar da ciki, batun da 'yan siyasa suka daɗe suna kauce wa. Shawara kawai suka bayar, jama'a suka yanke hukunci a 2018.

Na ga hannu a baya can. Malama, bismillah, a miƙa mata lasifika.