Idan Izinin Kwashe Shara Mai Guba Ya Maƙale, Me Kotu Za Ta Iya Yi?

Assalamu alaikum. Malamaina, iyaye, ɗalibai, barkanmu da war haka. Na baya, in ba ku jin muryata ku ɗaga hannu.

A 1988 aka gano dubban ganguna cike da dattin masana'antu mai guba a Koko, wani ƙaramin gari mai tashar jiragen ruwa a tsohuwar jihar Bendel, Delta a yau. Daga Italiya aka kawo su. Wannan ne ya sa gwamnatin Babangida ta yi doka mai lamba 42, wadda ta tanadi ɗaurin rai da rai ga mai safarar irin wannan shara ko jibge ta ba bisa ƙa'ida ba, gwamnatin ta kuma kafa hukumar kare muhalli ta FEPA, wadda hukumar NESREA ta gada a 2007. Saboda haka ba ka da ikon ɗauko tifa ka kwashe guba, ko da a filinka take, sai da izini. Ni ban ga laifin wannan ba. Wanda ya kwasa da ka, ƙarshenta a bakin kogin Kubanni na Zariya zai juye.

To, in ka nemi izinin, takarda ta kwanta a ofis wata da watanni fa? Mu ƙaddara akwai sito a Sabon Gari maƙare da maganin feshi da ya lalace. Jarkoki sun kumbura, wasu sun tsage, daɓen siminti ya yi baƙi, in rana ta take wari har cikin gidajen maƙwabta. Mai siton ya yarda zai biya masu kwasa. Kullum ya je, sai a ce masa, "Alhaji, a dawo wani mako, oga bai sa hannu ba." Ga damina ta kawo jiki, ga rijiyoyin unguwa.

Kada wani ya raina jinkiri. A 2010 gubar dalma ta kashe yara kimanin 400 a Zamfara. A ƙauyen Bagega, likitocin ƙungiyar agaji ta MSF sun ce ba amfanin fara magani sai an kankare gurɓatacciyar ƙasa, don yaro zai koma gida ya sake kwasar gubar. Kuɗin aikin bai fito ba sai farkon 2013. Can kuɗi ne ya maƙale ba izini ba, amma yara ne suka ɗanɗana kuɗarsa.

Makamin da doka ta ba ka shi ne umarnin tilastawa, wanda lauyoyi ke kira mandamus. Ku lura da kyau, nan mutane ke ruɗewa. Alƙali ba zai ce wa hukuma "ba shi izini" ba, domin auna haɗarin kwasa aikin masana ne. Abin da zai ce shi ne, "Doka ta ɗora miki yanke shawara, to yanke." Tana iya cewa a'a. Amma a'a mai dalili a rubuce ta fi shiru, don ita kana iya gyara abin da aka ce ya gaza, ko ka ƙalubalance ta.

Wa ke da hurumin shigar da ƙara? Da can kotuna kan tambayi mai ƙara, "Kai me ya shafe ka?" A 2018 Kotun Ƙoli, a shari'ar wata ƙungiya da NNPC kan malalar mai, ta buɗe wa ƙungiyoyin sa-kai ƙofa. Ke nan ba lallai sai mai siton ba.

Sai ƙa'idojin da ke kayar da ƙara tun ba a taɓa gundarinta ba. Hukumar tarayya, Babbar Kotun Tarayya ake kai ta, mu nan sai mu nufi Kaduna. Dokar NESREA ta ce a ba ta sanarwar wata guda a rubuce kafin a maka ta kotu. Sannan dole ka nuna ka nema an ƙi, ko an yi biris da kai. Don haka duk wasiƙar da ka kai, ka tsaya a buga wa kwafinka hatimi da kwanan wata. "Na gaya wa wani jami'i a waya" ba hujja ba ce gaban alƙali.

Malam shugaban zama yana nuna mini agogo, la'asar ta gabato. Hajiya, na ga hannunki tun ɗazu, bismillah.